Minti Tara

A Ilupeju nake guga,
gidan Madam Tam, bene na biyu,
inda janareto ke tari tun la'asar
kuma ruwan Yuni ke dukan taga kamar mai bin bashi.

Ranar da rufin ya yi yoyo
muka jawo akwatin ƙarfe daga ƙarƙashin gado.
Gwangwani uku, masu faɗin faifai,
suna warin tsami kamar kamu ya kwana huɗu.
Ta ce, "Tasalla, uwata ce a ciki."
Na ja da baya da a'uziyya.
Ta yi dariya har haƙoran robarta suka motsa.

Biyu sun ruɓe.
Na ukun jikanta ya kai aka juye a waya.
Minti tara kacal suka tsira.

Ga yarinya, gira kamar an ja da tsinke,
tsaye a bakin ruwan Shanghai,
leɓe na motsi, babu sauti.
Ba wanda ya fassara mini.
Na ga ta ƙirga kuɗi sau biyu, ta tura a ɗamara,
ta waiga ko an gan ta.
Na san wannan ƙirgar.
Na yi ta a tashar Iddo, da ƙullin kayana a ka.

Fim ashirin da shida, in ji Madam.
Fuskarta a kwalin sigari,
a kalandar masu sabulu,
'yan mata na yanke gashi irin nata.
Sai injin magana ya iso.
Aka ce buɗe baki, ta buɗe,
harshen ƙauyensu na kudu ya fito da ƙafarsa,
ɗakin duka ya kwashe da dariya.
Daga nan sai fitowar mai kawo shayi,
daga baya ko shayin babu.
A ɗinkin maɓalli idonta ya ƙare.

Ni ma a Oshodi, in na taya tattasai da Yarbancina,
sai su maimaita ni suna tafawa.
Na koyi ciniki da yatsa, da ɗage gira,
da juya baya a hankali har a kira ni.

A minti na bakwai takan dubo mu kai tsaye,
ido cike da ruwa, ta furta wani abu gajere.
Sati guda ina ɗauke da shi a danfo,
ina sa mata kalmomi:
ko sunan wanda ya tafi, ko addu'a.

Da na gaji na tambaya.
Madam ta kusanto da wayar hancinta,
ta bi leɓen uwarta da nata leɓen.
"Ba ya cikin wasan," ta ce.
"Tana gaya wa mai kyamara takalmin ya matse ta."

Muka yi shiru.
Dutsen guga ya huce a kan teburi.
Na sunkuya na cire wa tsohuwar silifas,
na ɗora ƙafafunta a kan matashi.