Bajamushen Jabbi

A Rijiyar Ɗorowa, cikin gwangwanin taba,
Jabbi na ɓoye da guntun fim,
bai kai kamu ɗaya ba.

In ya ɗaga shi ga hasken la'asar
sai ga wani Bajamushe siriri,
tire a hannu, kunnuwa fato-fato.

Aikinsa ke nan: ya kawo shayi,
a harbe shi.
Dare arba'in Jabbi na murza inji,
mutumin na faɗuwa,
'yan kallo na ɓarzar gyaɗa, suna jiran jarumi.

Bai sake ganinsa ba.
Sunan ma, ɓera ya cinye wurin.

Yau silimar rumbun albasa ce.
"Wanga," in ji Jabbi, "duba hannunai.
Har ya kai ƙasa
shayin bai zube ba."