Akwati Mai Makulli Biyu

Lynn, daren Talata.
Ƙanƙara ta toshe bakin ƙofa,
muka haura benen shagon takalma, mu ashirin da uku.
Warin jima da na kitsen fitila sun riga mu zama.
Ni ce magatakarda, Azubah Tilden.
Alƙalami nawa ne, baki kuwa an ce ba nawa ba.

Shekara bakwai ke nan da muka kafa ƙungiyar nan
a kan teburin yankan fata,
ran da mu biyar ne kacal,
yaran gari na jifan taga da ruɓaɓɓen ƙwai.
A lokacin ba mu da abin rabawa sai tsoro,
shi ya sa kanmu ya haɗu.

Yau Elihu Brant ya miƙe yana dukan tebur:
"Ƙuri'a! Sai mun shiga majalisa za a kwance sarƙa."
Fasto Orrin Wickes ya ce majalisar ce maƙerar sarƙar,
mai son tsarki ba ya wanka a kwata.
Thankful Mabbott ta buɗe baki kan sukari da auduga,
ta ce mu daina zuba gumin bayi a shayinmu.
Nan su biyun suka shirya na ɗan lokaci,
suka ce mace ta zauna.
Ta ƙi zama.

Na rubuta: an yi muhawara.
Ban rubuta jijiyar wuyan Brant ba,
ban rubuta kujerar da ta faɗi ba.

Ƙasa da ƙafafunmu, bayan tulin fatu,
akwai wani mutum, Lemuel,
da ya zo daga Norfolk cikin cikin jirgin gawayi.
Kwana tara a duƙe.
Sanyi ya ci masa yatsun ƙafa biyu.
Duk tsawar da aka yi a sama
ƙura ce ke zubo masa a ka ta tsagar katako.
Mai keken doki zai tashi kafin asuba,
kuɗinsa dala goma sha ɗaya, ba ragi.

A akwatinmu akwai dala goma sha huɗu.
Tun rigimar bara aka sa masa kwaɗo biyu:
makulli ɗaya a aljihun Brant,
ɗaya a wuyan Fasto.
Kowa ya ce ɗan'uwansa ya fara janye magana.

Ƙarfe goma sha ɗaya suka sauka,
kashi biyu, ta matakala ɗaya,
kowa na kaffa-kaffa kada rigarsa ta gogi ta wani.

Saura ni da tsoho Cato Freeland,
wanda bai ce uffan ba tun magariba.
Shi kaɗai a cikinmu aka taɓa yi wa kuɗi a kasuwa.
Ya dubi akwatin, ya dube ni,
ya ce, "'Yata, riƙe min fitila."
Ya ɗauki gudumar dukanci.
Bugu uku. Ƙyauren ya yi hamma.

Ya zaɓi takalmi a kan kanta, mafi girma,
ya cusa ulu a gurbin yatsun da babu.

Da safe gari ya wayi da ƙungiya biyu,
kowacce da shugaba, da hatimi, da dogon suna.
Kowacce ta aiko a karɓi littafin taro.
Na ce tawada ba ta bushe ba.

Ga abin da ke shafin ƙarshe, da hannuna:
An kashe dala goma sha ɗaya, kuɗin hanya.
Takalmi ƙafa biyu, bashi.
Kwaɗo biyu, sun lalace.
Saura dala uku.
Wurin da aka tanada don "da izinin wa"
na bar shi fari,
kamar hanyar arewa a safiyar nan,
kafin rana ta narkar da sawun keken.