Ƙyallen Da Bai Ruɓe Ba

Ta zo da kyamara rataye a kafaɗa,
Hurera, 'yar Tanimu mai awon hatsi,
wadda na sani tana tallar ƙuli a tashar Sandamu.
Yanzu malamar gona ce.
Ta ce ƙasata za ta ɗauka a hoto, ba ni ba.
Na ce, ai ƙasa ba ta murmushi.

Ta ce in damƙo, in saki a hankali.
Na damƙo, ta tsiyaye ta tsakanin yatsuna
kamar gishiri daga yagaggen buhu.
"Ƙara, Baba Nadabo." Sau uku ina ƙarawa,
sau uku tana ƙin zama dunƙule.

Sai ta yaga farin ƙyalle gida biyu.
Ɗaya ta binne a tsakiyar gonata
inda na share tas, na cinna wa karmami wuta.
Ɗayan a gindin gawon Lawandi,
maƙwabcin da muke kira rago
don yana barin kara kwance, yana tsallake toho.

Kwana sittin.
Ruwa ya yi latti, da ya zo kuma ya zo a fusace,
ya juye rabon wata guda a dare ɗaya,
ya kwashe min kunyoyi,
ya bar ni da kunya.

Da ta dawo muka tona.
Na Lawandi ya koma zare-zare,
tana da gara sun sha biki a kansa.
Nawa ya fito fes,
a karkaɗe shi sai a ɗinka aljihu.
Har na fara dariya.
Ta sauke kyamarar daga idonta, ta ce,
"Baba, an ajiye tuwo wata biyu ba a taɓa ba.
Gidan nan babu kowa a ciki."

Daren Laraba ta haska majigi a bangon firamare,
janareta na tari, yara na ture juna.
Hannuna ya kai girman ƙofar zaure.
Na ga faso a tafina, na ga faso a ƙasa,
na kasa gane inda ɗaya ya ƙare.
Ta nuna hoton sama na da can:
ɗigo-ɗigon baƙi, kowanne itace.
Sha ɗaya na ƙirga a gadon mahaifina.
Na san kuran da suka ɗauke su zuwa Daura,
na san nawa aka biya ni.

Da asuba na fita da gatari, bisa sabo.
A bakin iyaka ga tohon gawo,
bai kai gwiwa ba, ƙayarsa ta kama min wando.
Na tsuguna na ɓamɓare shi a hankali.
Na kewaye shi da kara, saboda awakin Asabe.

Ƙyallen yana aljihuna har yau.
Baɗi zan mayar da shi rami,
in ga ko an dawo gidan.