Takalman Bolari

Shekara talatin Giɗaɗo na sharhi kan masu magana,
kunne ɗaya a rediyo, ɗayan maƙale da biro.
Yana yaro majigi ya iso Bolari,
aka rataya farin ƙyalle a bango,
jirgin ƙasa ya taho a guje cikin hoton,
dattawa suka watse, ba mai jiran takalminsa.

Daga baya ya rubuta:
ku bar jirgin, ku dubi takalman.

Yau silimar Gombe ta koma rumbun siminti.
Jikarsa Dija na murza waya,
ta ce, "Kaka, wai madatsar Balanga ta ɓalle."
"In ji wa?"
"An ce."
Ya dubi ƙafarta,
ya shiga laluben bironsa.