Kujerar da Ebbe Bai Gama Ba

A Aarhus, inda rana kan yi rowa,
wata huɗu cur ba ta leƙowar kirki,
Ebbe Skovlund ya tsufa yana auna haske
kamar mai awon gishiri a shekarar tsada.

Ni na yi masa shara shekara tara.
Takardu ko'ina, fensir a bayan kunne,
gahawa ta huce a kan zanen wata makaranta.

Yakan ce, "Signe, mariƙin ƙofa
shi ne hannun da gida ke fara miƙo wa mutum.
In ya yi sanyi, baƙo ya san matsayinsa."
Shi ya sa nasa duk na katako ne.

Ya rubuta a jarida cewa taga ta sauko
daidai idon yaro ɗan shekara uku,
don shi ma teku nasa ne.
Manyan magina suka yi ta dariya.
Ya ninke jaridar, ya tokare ƙafar tebur da ita.

Ran da ciwo ya kwantar da shi
bai tambayi littattafansa ba.
Cewa ya yi in zauna a sabuwar kujerar,
wadda ko mai ba a shafa mata ba,
in faɗa masa inda bayana ya yi ƙorafi.

Na ce, "Nan, ƙasa kaɗan da kafaɗa."
Ya miƙa hannu ya yi alama da fensir.

Alamar na nan har yau.
In na zo goge ƙura
sai in kewaye ta.