Kati Mai Lamba Ɗari Huɗu da Tara

A Tromso rana ta tafi hutun wata biyu,
ta bar mu da fitilu da tari.
Ni ina can ƙasa, a ma'adanar jami'a,
na toshe kunnuwana da muryar kakata.

Gáddjá sunanta. Ban riske ta ba.
Gadona cokalin ƙaho ne guda,
sai zaren faifai mai ruwan ƙasa,
minti arba'in da ɗaya,
da wani malami daga kudu ya naɗa
shekarar da mahaifiyata ke rarrafe.

Tana lissafa masa barewar kiwo:
'yar shekara guda, mai karyayyen ƙaho,
wadda ta ƙi ɗanta,
wadda ke shiga gaba in an tashi ƙaura.
Kowace da sunanta.
Shi kuwa sai ya ce, "Maimaita."
Ta maimaita.
Ina jin itace na fashewa a murhu,
ina jin haƙurinta na ƙarewa
kamar gishiri a gindin jaka.

A minti na ashirin da bakwai
ta ɗaga murya. Kalma ɗaya, gaɓa biyu,
tamkar an wurga dutse.

Malamin ya yanka wa kalmar kati,
ya rubuta da shuɗiyar tawada:
"Kiran iskar arewa. Tsohuwar addu'a. Ba a san asalinta ba."
Daga kati ta hau ƙamus,
daga ƙamus ta yi aure a littafi uku.
Ni ma na ba ta shafi goma sha ɗaya a kundina,
na nemo mata dangi har bayan duwatsun Ural,
na ɗinka mata riga, na kafa mata hula.

Sai na ɗauki hanyar Máze,
wuni guda a mota, dusar ƙanƙara na dukan gilashi,
wurin Heaika, autansu,
da ya ba tamanin baya.
Ya dafa kofi, ya yayyanka busasshen nama ciki.
Na kunna.
Da ya ji yayarsa, leɓensa ya kama rawa,
ya juya fuska wajen taga, ko da yake babu abin gani.

Minti ashirin da bakwai ya zo.
Tsoho ya ƙyalƙyale da dariya har ya ƙware,
na tashi ina bubbuga masa baya.
"Karenmu ne!" ya ce. "Ɓarawon nan mai kunne ɗaya a tsaye.
Ya tura baki a jakar baƙo
yana lashe masa man shanu."

Ashe shekara sittin
masana na cire wa kare hula.

Na ce, "Don me ba ku gaya masa ba?"
Ya ce, "Ya tambaya ne?
Shi dai maimaita ya iya."

Rashin sani ya fi dare duhu,
ko a nan, inda dare ba ya saurin sallama.

Na miƙa hannu zan kashe, ya riƙe ni.
"Koma baya. Ƙara. Nan."
Wurin da malamin ya rubuta "hayaniya",
wurin da na tsallake sau ɗari.
Can ƙasa-ƙasa, bayan ƙarar wuta,
jaririya na ƙananan kuka,
kakata ta juya ta bar na'ura
tana faɗa mata wasu kalmomi masu taushi
da ban taɓa gani a ƙamus ba.
"Uwarki ce," in ji Heaika. "Haƙori take fitarwa."

Na koma Tromso na yage shafi goma sha ɗaya.
Katin ban goge shi ba.
A ƙarƙashin shuɗiyar tawada na sa da fensir:
"Kare ne. Ya ci man shanu.
In ji Heaika, wanda aka yi a gabansa."

Sauran hunturun na ba hayaniya.
Daƙiƙa goma sha tara ce.
Har yau ban gama ba.