Ƙanƙarar da Ba Ta Kuka

Shekara ashirin da uku ina saran ƙanƙara
a gindin gadar Binuwai,
zarto a dama, buhun garin katako a hagu,
mata masu kifi na jira da kwanduna.
Na san ƙararta idan ta tsage,
na san hawayenta idan rana ta take.
To, ni za a ba labarin ƙanƙara?

Kaltume ce ta matsa, jikata,
wai an buɗe bikin sanyi a cikin Garwa,
wai mutane na gudu a kan ƙanƙara
da wuƙaƙe a tafin ƙafa.
Na ce, "Zancen 'yan makaranta."
Ta ce, "Kaka, gani ya kori ji."

Bayan isha'i muka hau babur.
Disamba ta sa kowa ya tono rigar sanyi
daga ƙasan akwati, da warin kafur a jikinta.
Dala ɗari biyu a ƙofa,
kuɗin rabin sanda ke nan, na lissafa a zuci.

Fitilu sun yi 'ya'ya a jikin dalbejiya.
Wani ya hau ƙafafun gora yana gaida rufin rumfa,
wani na haɗiye wuta yana amayar da ita,
lilo na ɗaga yara sama, iyaye na salati.
Ga tsire, ga gugguru, ga zoɓo a leda,
ga auduga ja a kan tsinke, wai sha ake yi.
Ƙanena ya tsufa yana noma ta a Pitowa,
ba wanda ya gaya masa tana da zaƙi.

Sai ga filin, fari fat, an kewaye shi da ƙarfe.
Na durƙusa kamar mai gyara takalmi,
na zura hannu ta ƙasan shinge.
Ba sanyi.
Ba laima.
Roba ce, an shafe ta da mai,
har da ɗumin ƙafafun mutane a jikinta.

Na miƙe, magana ta cika mini baki.
Yaron da ke ɗaure wa mutane takalma
ya ga hannuna, ya ga fuskata,
ya sunkuyar da kai.

Amma Kaltume ta riga ta shiga.
Ƙafa ɗaya ta nufi Yelwa,
ɗaya ta kama hanyar Marwa,
ta zauna daɓas, ta tashi,
ta sake zama, ta sake tashi,
a na biyar ta buɗe hannuwa kamar balbela,
ta tafi, suuu,
ɗankwalinta na binta a baya.

Ta zo wucewa ta ce,
"Kaka! Ina kan ƙanƙara!"
Na haɗiye maganata. Ta fi ƙashin ragon ruwa wuyar wucewa.
Na ce, "Na gani. Riƙe ƙarfe."

Ba zan ɓoye ba, ni ma an ɗaura mini.
Taku biyu na yi.
Dorina ma ta fi ni iya faɗuwa,
don ita ruwa ke tare ta.
Hulata ta gama zagayen da ban yi ba,
wani yaro ya dawo da ita yana dariya.

Da asuba, ƙugu na ciwo, na buɗe rumfa.
Kafin makaranta sai ga ta,
ta tuɓe silifa, ta haye sanda guda
da ƙafa tsirara.
Ko uku ban ƙirga ba ta diro da ihu:
"Kaka, taka tana cizo!"

Na ce, "Haka take."
Sawunta biyu ya fito a kai, ƙanana,
ruwa ya fara taruwa a cikinsu.
Mai kifi na jira, tana buga kwando,
na juya sandar, na fara sara ta ɗaya gefen.